GANI BAI KORI JI BA: FAƊANA DA MASU TURA FINAFINAN DABBOBIN ƘANƘARA

  

Ya 'yan'uwana matasa, yau da faɗa na zo, kuma ina roƙon duk wanda maganar ta taɓa ya yi mini uzuri. Musabbabin faɗan wani ɗan bidiyo ne da bai kai minti ɗaya ba, wanda wani ɗalibina na ajin hadisi ya turo mini ta WhatsApp a daren wata Alhamis. A cikinsa ga wasu masunta a kan jirgin ruwa, sun tsamo ɗan farin beyar daga teku mai ƙanƙara, shi kuma ya ƙanƙame wuyan ɗayansu kamar goyon da ya ga uwarsa, ita uwar tana iyo a gefen jirgin tana binsu da kallon godiya. A bayansu, a kan wani falalen ƙanƙara, tsuntsayen fenguwin sun yi sahu suna kallo. An ɗora wa bidiyon sautin nashida, an rubuta tasbihi a ƙasa, aka kuma ce wanda ya gani ya tura wa mutum goma.

Na kalla sau biyu. A karo na biyu na lura hannun masuncin yatsu shida ne, igiyar da ke kafaɗarsa kuma tana narkewa cikin rigarsa. Ko babu wannan ma, tsuntsayen sun isa shaida. Farin beyar a ƙuryar arewacin duniya yake zaune, wato yankin Aktik, fenguwin kuwa ɗan kudu ne, babu ko ɗaya a Aktik, kuma ba sa haɗuwa sai a gidan zu. Aikin ƙirƙirarriyar basira ne, wani ya zauna a ɗaki ya umarci kwamfuta ta zana masa abin da zai jawo masa masu kallo.

Ranar Asabar da muka koma makaranta na kira yaron gefe na nuna masa. Ya sunkuyar da kai, ya ce: "Allah gafarta Malam, to ai ko ba gaskiya ba ne, yana ƙara wa mutane imani."

Wallahi wannan jumla ta fi bidiyon tayar mini da hankali, domin na san ta tun kafin a haifi yaron. Duk wanda ya karanta musɗalahul hadisi ya ci karo da labarin Nuhu bin Abi Maryam, alƙalin Marwa, wanda ya rasu a shekara ta 173 bayan Hijira. An tambaye shi inda ya samo hadisan falalar surorin Alƙur'ani, sura bayan sura, waɗanda yake jinginawa ga Ikrima daga Ibn Abbas, alhali sauran almajiran Ikrima ba su san su ba. Ya amsa cewa ya ga mutane sun shagala da fiƙihun Abu Hanifa da tarihin yaƙoƙi na Ibn Ishaƙ sun bar Alƙur'ani, shi ne ya ƙirƙira musu, yana neman lada. Malaman hadisi ba su ce masa sannu da ƙoƙari ba. Sun jefar da ruwayarsa, suka kuma ƙirga irinsa, masu ƙarya da kyakkyawar niyya, a matsayin mafi cutarwa daga cikin masu ƙirƙirar hadisi, saboda mutane sun amince da su. To hujjar Nuhu ce ta dawo a bakin yaro ɗan shekara goma sha bakwai, sai dai yanzu da farin beyar a hannunta.

Amma bidiyon mai yatsu shida abu ne mai sauƙi, ko ƙaramin yaro idan an nuna masa zai gane. Abin da nake so mu tsaya a kansa shi ne finafinan gaske, na dokumantari, waɗanda manyan gidajen talabijin ke kashe miliyoyi su shirya a kan dabbobin ƙanƙara, domin daga cikinsu ake yanko mafi yawan abin da ke yawo a wayoyinmu.

Kada wani ya zaci ni maƙiyin waɗannan finafinai ne. Ina cikin masu son su tun ina sakandare, lokacin da ake kallonsu a faifan CD. Ta hanyarsu na san babban fenguwin na Antatika, wanda tsayinsa ya haura mita 1. Macen takan yi ƙwai ɗaya tak a watan Mayu ko Yuni, lokacin da hunturun can ke kamawa, ta mirgina shi kan ƙafafun namijin, ta kama hanyar teku neman abinci. Shi kuwa ya rufe ƙwan da fatar cikinsa, ya tsaya da shi kimanin kwana 65, cikin sanyin da ke kaiwa digiri 40 ƙasa da sifiri, ga iska tana kaɗawa. Idan aka haɗa da kwanakin zuwansa da na neman mace, yakan yi kusan wata huɗu bai sa komai a bakinsa ba, har ya zubar da kusan rabin nauyinsa. Mazan sukan cure wuri ɗaya su dubbai, suna matsawa a hankali, na gefe ya shiga tsakiya, na tsakiya ya fito gefe. In ƙwan ya ƙyanƙyashe uwar ba ta dawo ba, sai namijin da ya wata huɗu da yunwa ya fitar da wani abu mai kama da kindirmo daga maƙogwaronsa ya ciyar da ɗan. Wanda ya ga wannan bai yi tasbihi ba, zuciyarsa tana bukatar magani. Kuma ba za mu taɓa ganinsa ba in da wasu mutane ba su yarda sun bar iyalinsu sun yi shekara guda a kan ƙanƙara, yatsunsu na daskarewa a jikin kyamara. Wannan haƙƙinsu ne, na ba su.

Sai dai fim ruwaya ne, kuma kowace ruwaya tana da mai ruwaito ta. Bahaushe ya ce gani ya kori ji, kuma ya yi gaskiya a zamanin da ido ke ganin abu kai tsaye. Abin da kake gani a allon wayarka kuwa, ka ji ne da ido. Tsakaninka da beyar ɗin akwai mai ɗaukar hoto da ya zaɓi inda zai juya kyamara, da mai haɗa hoto da ya zauna da ɗaruruwan sa'o'i ya fitar da minti hamsin, da marubucin da ya tsara abin da mai sharhi zai faɗa, da mai kiɗan da ke gaya wa zuciyarka lokacin da za ta karye. Dabbar da ake nuna maka a matsayin uwa ɗaya tun farkon labari har ƙarshensa, sau da yawa dabbobi ne daban-daban da aka ɗauka a ranaku daban-daban. Hatta ƙarar takun beyar a kan dusar ƙanƙara, galibi a sutudiyo ake yin ta, domin gilashin kyamara yana jawo hoto daga nesa amma makirfo ba ya jawo sauti haka. Wani ne ke murza garin sitaci a cikin jaka. Duk wanda ya taɓa tsayawa inda ake ɗaukar fim a Kano ya san fitowa ɗaya ana iya maimaita ta sau goma. Me ya sa muke zaton da an ce dokumantari shi ke nan babu hannun mutum?

Wannan isnadi ne cikakke. To mu auna shi da ma'aunin da muka gada.

A 1958 kamfanin Disney ya fitar da fim mai suna White Wilderness, a kan dabbobin Aktik, har ya ci kyautar Oscar. Fitowar da ta fi shahara a cikinsa ita ce ta wasu ƙananan ɓerayen daji da ake kira lemin, suna tururuwa zuwa bakin wani tsauni suna faɗawa teku suna halaka. Daga nan duniya ta haddace cewa lemin kan kashe kansa idan ya yi yawa, har abin ya zama karin magana a harsunan Turai. A 1982 wani shirin bincike na gidan talabijin na CBC a Kanada ya tona asiri. An ɗauki fitowar ne a lardin Alberta, inda babu teku sam. Ruwan da aka nuna kogin Bow ne kusa da birnin Calgary. Ɓerayen sayo su aka yi daga wani lardi, aka ɗora su kan wani faifai mai juyawa da aka lulluɓe da dusar ƙanƙara don su yi kamar suna gudu, sa'an nan aka tura su daga kan gaɓa zuwa cikin ruwa. Lemin ba ya kashe kansa. Mutane ne suka kashe shi, suka ce shi ya yi. Wannan maudu'i ne tsantsa, kuma ya yi shekara 24 yana yawo kafin a kama shi. Har yau akwai masu ruwaito shi.

Wancan ƙarya ce bayyananniya, ba ta bukatar dogon sharhi. Wadda ta fi bukatar natsuwa ita ce ta 2011. A wannan shekara BBC ta nuna jerin shirin Frozen Planet, da muryar David Attenborough, mutumin da babu wanda ya kai shi suna a wannan fage. A kashi na biyar, wanda ya shafi hunturu, an nuna tsaunukan Aktik cikin guguwa, sa'an nan kyamara ta shiga cikin kogon dusar ƙanƙara, ga uwar beyar kwance da jariranta sabbin haihuwa, kowanne bai kai kilo ɗaya ba, idanunsu a rufe. Duk mai kallo ya ɗauka a can cikin dajin ƙanƙara aka ɗauka. A watan Disamba jaridar Daily Mirror ta bayyana cewa a gidan zu aka ɗauki jariran, cikin kogon da mutane suka gina; gidan zun kuwa shi ne na Ouwehands da ke ƙasar Holan. BBC ta kare kanta da cewa ba ta ɓoye ba, ta yi bayani a shafinta na intanet, kuma an tsara kalmomin sharhin da kula, yadda babu inda aka ce waɗannan jarirai a Aktik suke. Attenborough ya ba da hujja biyu: cewa cusa kyamara cikin kogon beyar na daji zai iya jawo mutuwar jariran ko ta mai ɗaukar hoton, da cewa tsayawa a tsakiyar fitowa a ce wannan a gidan zu ne zai ɓata wa mai kallo yanayin da ya shiga.

Hujjar farko na karɓa hannu biyu. Ta biyu kuwa ita ce hujjar Nuhu da rigar Turawa.

Ku dubi abin da suka yi da kyau, ya 'yan'uwa, domin malamanmu sun ba shi suna tun ƙarni na biyu. Sunansa tadlisi. Mudallisi ba ya faɗin ƙarya ƙarara. Ba ya cewa wane ya ba ni labari, ko na ji daga bakin wane. Sai ya ce "daga wane", lafazin da ke ɗaukar ji kai tsaye kuma yana ɗaukar waninsa, ya bar ka kai ka cike gurbin da zatonka. In an kama shi ya ce ai ban ce na ji ba. Haka mai haɗa hoto ya yi: ya ajiye tsaunin Aktik, ya ajiye kogon Holan a bayansa, bai ce wuri ɗaya ba ne, ya bar idonka ya ɗinke su. Shu'uba bin Hajjaj ya tsananta ƙwarai a kan tadlisi. Amma ga inda adalcin malamanmu yake, kuma nan nake so matasa su riƙe: manyan limamai irin su A'amash da Ƙatada an siffanta su da tadlisi, duk da haka ba a zubar da hadisansu ba. An ce amintattu ne, ana karɓar ruwayarsu inda suka bayyana cewa sun ji, ana dakatawa a bincika inda suka yi amfani da lafazi mai harshen damo. Ni a nan na ajiye BBC da ire-irenta. Abin da suka nuna na jariran beyar gaskiya ne, haka ake haifarsu, haka girmansu yake. Inda aka ɗauka ne suka lulluɓe. Saboda haka ina kallo, ina amfana, amma ba na rantsuwa a kan fitowar da ba su faɗi yadda suka same ta ba.

To idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Laifin masu shirya fim kenan. Saura namu, kuma namu ya fi ci mini rai.

A wata walimar aure da na halarta, wani malami abokina, wanda ya girme ni a shekaru da ilimi, yana wa'azi a kan yawan sakin aure a ƙasarmu, sai ya kawo misali da fenguwin. Ya ce tsuntsu ne wanda idan ya zaɓi mace ba ya rabuwa da ita sai mutuwa, ga mu 'yan Adam masu hankali da Littafi muna saki bayan wata uku. Jama'a suka yi kabbara. Bayan an tashi na same shi na ce: "Malam, wannan magana ta fenguwin, a ina aka samo ta?" Ya ce a fim ya gani, kuma ya ji ana faɗa. Na san fim ɗin. Shi ne March of the Penguins na 2005, wanda Bafaranshe Luc Jacquet ya shirya a kusa da tashar bincike ta Faransa mai suna Dumont d'Urville, inda masu ɗaukar hotonsa biyu suka yi fiye da shekara. Ya ci Oscar a 2006. A asalinsa na Faransanci an sa 'yan wasa sun yi magana da bakin uba da uwa da ɗa, kamar tatsuniyar Gizo. A na Amurka aka cire wannan aka sa Morgan Freeman yana ba da shi a matsayin labarin soyayya. Ba malaminmu ne ya fara faɗawa wannan rami ba. A shekarar da fim ɗin ya fito, wasu masu ra'ayin riƙau daga Kiristocin Amurka sun ɗauke shi hujja a kan riƙon aure da tarbiyyar iyali, har shi Jacquet ya fito ya nuna bai yarda da wannan fassara ba.

Gaskiyar da masana suka gano ta hanyar sa wa tsuntsayen alama suna bibiyarsu ita ce, babban fenguwin yana zama da mace ɗaya ne a kakar haihuwa ɗaya. Idan shekara ta zagayo, kimanin kashi 15 cikin ɗari ne kawai ke komawa ga abokan zamansu na bara. Dalilin ma a fili yake: ba su da sheƙar da za su koma su haɗu a cikinta, lokaci kuma ƙurarre ne, wanda ya riga isowa ba zai iya jira ba. Wato da za a ɗauki fenguwin malamin aure, da ya halatta mana sabuwar mata kowace shekara. Kuma macen da ɗanta ya mutu takan yi ƙoƙarin ƙwace ɗan wata, a yi ta kokawa a kansa, in ta samu kuma yawanci ta yar da shi bayan ɗan lokaci ya mutu. Namijin farin beyar yakan kashe 'ya'yan beyar ya cinye. Akwai wani likita Bature, George Murray Levick, cikin ayarin Kyaftin Scott, da ya zauna a Cape Adare a 1911 zuwa 1912 yana nazarin wani ƙaramin jinsin fenguwin da ake kira Adeli. Abin da ya gani mazansu na aikatawa kunya ba za ta bar ni in rubuta ba. Ya isa a ce ko gawa ba su ƙyale ba. Shi kansa sai da ya rubuta wani sashe da haruffan Girkanci don kada kowa ya karanta, aka kuma cire wannan babi daga rahoton da aka buga, bai fito fili ba sai 2012.

Ban kawo wannan don in ɓata tsuntsu ba. Tsuntsu ba mukallafi ba ne, babu alƙalami a kansa, ba shi da zina kuma ba shi da amana irin tamu. Suratul An'am ta kira dabbobi da tsuntsaye al'ummomi, kuma kowace al'umma da tsarin da Mahaliccinta Ya ɗora ta a kai. Abin da nake ƙi shi ne mu tsinci abin da ya yi mana daɗi daga rayuwarsu mu hau mumbari da shi, mu rufe ido ga sauran. Yaron da ya ji wa'azin nan yana da waya a aljihu. Ranar da ya bincika ya ga kashi 15 ɗin nan, ba fenguwin zai tuhuma ba, malamin zai tuhuma, kuma Allah kaɗai Ya san inda tuhumar za ta tsaya. Na ga samarin da suka fara da gano ƙaryar wani bidiyon mu'ujiza suka ƙare da shakkar abin da babu shakka a cikinsa.

Na san abin da wani zai ce: ai Allah Ya aiko hankaka ya koya wa ɗan Adam binne gawa, ga tururuwar Annabi Sulaimanu, ga ƙudan zuma. Haka ne. Amma waɗannan Wanda Ya halicce su ne Ya ba da labarinsu, isnadinsu ba ya bukatar bincike. Kuma ban hana kowa ɗaukar izina daga halitta ba. Tsayuwar namijin nan da ƙwai a kan ƙafa aya ce ta ikon Allah da rahamarSa, kuma ta tabbata. Sharaɗi ɗaya ne, abin da za ka ɗauki izina daga gare shi ya zama ya faru. Hukuncin aure kuwa muna da inda muke ɗauko shi, ba mu rasa nassi ba balle mu je Antatika aro.

Akwai kuma wani ɓangare na matasanmu da za su karanta abin da ya gabata su yi murna, su ce ai dama mun faɗa, duk ƙaryar Turawa ce, har da zancen sauyin yanayi. Ku dakata, da ku ma nake.

A Disambar 2017 mujallar National Geographic ta yaɗa bidiyon wani farin beyar da yunwa ta cinye, ƙashi da fata, yana jan ƙafafunsa yana lalube cikin wata tsohuwar ganga a tsibirin Somerset na arewacin Kanada. Paul Nicklen da Cristina Mittermeier suka ɗauke shi. Aka rubuta a kan bidiyon cewa wannan ita ce siffar sauyin yanayi. Duniya ta yi kuka. Alhali babu wanda ya auna wannan beyar. Yana iya zama tsufa ne, ko ciwo, ko rauni. A 2018 mujallar ta amsa cewa ta wuce gona da iri wajen danganta halin wannan dabba guda da sauyin yanayi, ita ma Mittermeier ta rubuta cewa labarin ya kuɓuce musu. Wannan shi ne idraji a wurin malaman hadisi, wato maganar mai ruwaya ta shige cikin matani har a ɗauka daga asali take. Hoton sahihi ne, rubutun da ke kansa mudraji ne. Makamancin haka ya faru a 2019 da shirin Our Planet na Netflix, inda aka nuna dabbar walras, mai haure biyu da jiki irin na dorina, tana faɗowa daga kan duwatsu a gaɓar arewa maso gabashin Rasha. Sharhin ya ɗora laifin a kan ƙarancin ƙanƙarar teku, masu suka suka ce fararen beyar da ke yankin ne ke firgita su, aka yi ta jayayya.

Wa ya ci ribar wannan ƙarin gishiri? Masu musun sauyin yanayi. Sun samu beyar ɗaya da za su riƙa ɗagawa duk lokacin da aka kawo musu hujja. Hujjar kuwa ba a fim take ba. Tun 1979 taurarin ɗan'adam ke auna faɗin ƙanƙarar tekun Aktik, kuma abin da ke saura a ƙarshen bazarar can, a watan Satumba, yana raguwa da kimanin kashi 12 cikin ɗari a kowace shekara goma. A 2012 ya sauka zuwa murabba'in kilomita miliyan 3.4, wato abin da ya ɓace idan aka gwada da shekarun farkon awon ya fi faɗin Nijeriya sau uku. A kudu kuma, a ƙarshen 2022, ƙanƙarar tekun Bellingshausen ta farfashe da wuri, kafin 'ya'yan babban fenguwin su yi gashin da ruwa ba ya ratsawa. Masu bincike na hukumar nazarin Antatika ta Birtaniya, ƙarƙashin Peter Fretwell, sun bayyana a 2023 cewa a mazaunai huɗu daga cikin biyar na yankin da alama babu ɗan da ya tsira. Babu kyamara a wurin, babu kiɗa, babu mai sharhi. Daga sama aka gani, ta hanyar tabon kashin tsuntsayen a kan farar ƙanƙara, tabon da yake nan a wata ɗaya, wata na gaba babu shi babu ƙanƙarar. Wanda ya ƙaryata wannan saboda an kama wani da idraji, daidai yake da wanda ya watsar da Bukhari saboda akwai Nuhu bin Abi Maryam a duniya. Malamanmu ba su yi haka ba, sun zauna sun tace.

Akwai fitowa ɗaya da nake nuna wa ɗalibaina ba tare da fargaba ba. A shirin Dynasties na BBC, wanda aka nuna a 2018, mutum uku sun yi kimanin wata 11 a tashar Jamus ta Neumayer, kusa da mazaunin fenguwin na Atka, inda rana ke ɓacewa kusan wata biyu. Ɗayansu, Lindsay McCrae, yana can aka haifa masa ɗansa na fari. Wata guguwa ta jefa wasu tsuntsaye da 'ya'yansu cikin wani kwazazzabon ƙanƙara mai santsi, suka kasa fita, 'ya'yan suka fara mutuwa. Ƙa'idar wannan sana'a ita ce mai ɗaukar hoto ba ya sa hannu, nasa kallo. Sun yi kallon, sun ɗauka, sun tafi. Da suka dawo suka tarar abin ya ƙaru, sai suka ɗauki shebur suka sassaƙa ɗan gangare mai matakala a jikin kwazazzabon, suka koma gefe, tsuntsayen suka hau da kansu. An yi ta muhawara a Birtaniya ko sun karya ƙa'ida. Ni a wurina babu abin muhawara. Ba su ƙwace abincin wata dabba ba, ba su taɓa tsuntsu ko ɗaya ba, kuma mu da muka taso da labarin mutumin da aka gafarta wa saboda ya shayar da kare, da matar da aka azabtar saboda ta tsare kyanwa, mun san hukuncin wanda ke da shebur a hannu yana kallon rai na fita. Abin da ya fi burge ni ma shi ne sun nuna abin da suka yi, a ɗan sashen nan na ƙarshen shiri inda ake bayyana yadda aka ɗauki fim. Sun bayyana ji, in ji malaman hadisi. Wannan sashe na minti goma shi ne masu yanko bidiyo ke fara zubarwa, alhali shi ne isnadin.

Shi na nuna wa ajinmu a makon da ya biyo baya, a kwamfutata, bayan mun gama darasin mudallas. Da aka tashi, yaron nan ya tsaya. Ya ce ya ƙirga, zaure goma sha huɗu ya tura wa bidiyon masuntan. Na ce ya koma kowanne ya rubuta cewa ya gano ƙirƙira ce, ya nemi afuwa. Ya yi, ya kuma kawo mini wayarsa na gani. A zaure biyu an yi masa godiya. A mafi yawansu babu wanda ya tanka. A ɗaya kuma, na wata ƙungiyar matasan masallaci, shugaban zauren ya goge gyaran, ya bar bidiyon, ya rubuto masa cewa ya daina sanyaya wa mutane gwiwa a kan alheri.